Gidan Talbijin a Sakkwato, Zoo Road a Kano, ko Tashar Kanka a YouTube: Ina Mai Son Zama Furodusa Zai Dosa?

Yawancin matasan da ke cewa suna son zama furodusa, in ka saurare su da kyau, aikin darakta suke kwatantawa, ko na mai ɗaukar hoto. Suna hango kansu a bayan kamara ana jiran umarninsu. Aikin furodusa kuwa kuɗi ne da mutane. Shi ke nemo jari, ya zaɓi labari ya biya marubuci, ya ɗauko darakta, ya daidaita da jarumai, ya nemi gidan da za a yi ɗauka, ya tabbatar akwai mai a janareto da abinci a kula, ya kai aikin wurin tacewa, sannan ya san inda zai sayar da shi. Aiki ya yi kyau, a yabi darakta da jarumi. Aiki ya faɗi, ƙofar furodusa masu bin bashi ke ƙwanƙwasawa. Don haka kafin ɗan Sakkwato ya zaɓi hanya, abu biyu ya kamata ya auna: da kuɗin wa zai koyi wannan sana'a, kuma abin da ya shirya zai zama mallakar wa.

Hanyoyin da ke gabansa uku ne. Ya nemi shiga gidan talbijin a nan gida. Ya tafi Kano ya zama yaron wani. Ko ya zauna a Sakkwato ya buɗe tasha a YouTube ya ci gashin kansa.

Mu fara da gida. A Sakkwato akwai NTA, reshen hukumar talbijin ta tarayya da aka kafa a 1977, akwai kuma Rima TV ta gwamnatin jiha. Gidajen rediyo irin su Rima Radio da Vision FM da Garkuwa FM su ma suna da furodusoshi, kuma da yawa daga rediyon suke fara koyon haɗa shiri. Furodusa a irin waɗannan gidaje ma'aikaci ne. Ana ɗora masa shiri na mako-mako, na noma ko lafiya ko addini ko tattaunawa, a ce kowace Laraba da ƙarfe kaza shirinka zai fita.

Wannan "ƙarfe kaza" ita ce babbar makarantar. Ka gayyaci likita, ya amsa maka tun ranar Litinin. Ranar ɗauka an kunna fitilun sutudiyo, mai gabatarwa ya zauna an maƙala masa makirfo a wuyan riga, sai waya ta shigo cewa an kira likita tiyata. Saura minti arba'in. Ba wanda zai ce maka a ɗage, domin filin rabin awa ba ya zama fanko. Ko dai kana da lambar wani likitan da zai taso nan take, ko kana da wata hira da ka ɗauka ka ajiye saboda irin wannan rana. Wanda ya shekara biyu yana cika irin wannan fili bai taɓa barinsa ya faɗi ba, ya koyi abin da masu jari da yawa a harkar fim ba su taɓa koya ba: gama aiki a ranar da aka ce.

Akwai riba ta biyu da ba a cika lissafawa ba. Ma'aikacin gidan talbijin yana shiga fada, yana shiga ma'aikatu, yana zama da malamai da sarakunan sana'a. A gari irin Sakkwato, inda ba a buɗe wa baƙon fuska ƙofa da kamara a hannunsa, wannan sanayya jari ce. Yana kuma koyon dokokin NBC, hukumar da ke sa ido kan gidajen watsa shirye-shirye tun 1992, ya san abin da ake faɗi a iska da abin da ke jawo tara.

Sai dai a faɗi gaskiya, albashi ne, kuma albashin ma'aikacin gwamnati kowa ya san iyakarsa. Kamara da mota sai an yi layi. Gidan gwamnati muryar gwamnati ne, akwai batun da ba za ka taɓa ba komai kyansa. Wasan kwaikwayo, wanda dattawanmu har yau suke tuna yadda gidajen talbijin na Arewa suka yi fice da shi a shekarun 1970 da 1980, yanzu ba kasafai gidajen ke shirya shi da kuɗinsu ba saboda tsada. Kuma duk shirin da ka haɗa na gidan ne. Ka shekara goma kana yi, ranar da ka tashi ba ka fita da ko minti ɗaya da za ka sayar. Samun gurbin ma ba sauƙi, galibi ta hanyar koyon aiki na ɗalibai ko bautar ƙasa ake fara sa ƙafa, a daɗe ana aikin wucin gadi kafin a samu takardar ɗauka.

Kano wata duniya ce. Can masana'antar take tun da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a 1990, fim ɗin da ake lissafawa a matsayin farkon fina-finan bidiyo na Hausa na kasuwa. An yi zamanin kaset, aka yi na faifan CD, lokacin da furodusa ke gama fim ya nufi 'yan kasuwar Ƙofar Wambai. Satar fasaha da masu tura fina-finai a waya suka durƙusar da wannan kasuwa. Tashar Arewa24 da ta fara aiki a 2014 ta nuna cewa shiri mai dogon zango zai iya riƙe masu kallo mako bayan mako, daga nan furodusoshi suka karkata can, da yawansu suka koma sakin aikinsu a YouTube. Wannan tarihi yana da amfani ga mai shirin tafiya: a cikin shekara talatin da 'yan kai hanyar sayar da fim ta sauya har sau uku, kuma duk sauyi ya kwantar da waɗanda suka iya shiryawa kawai ba su iya sayarwa ba.

Wanda ya sauka a Zoo Road, inda ofisoshin 'yan fim suka fi yawa, ba furodusa zai fara zama ba. Zai fara da ɗaukar kaya da aike. In an ga natsuwarsa a ba shi kwantinuiti, ya riƙa rubuta wace riga jaruma ta sa a fitowa ta goma sha biyu, a wane hannu ta riƙe jaka. In ya yi sa'a ya kai matsayin furodakshan manaja, kuma nan ne wurin da nake so duk mai wannan buri ya kai. Furodakshan manaja shi ke riƙe da littafin kashe kuɗi. A shafi ɗaya za ka ga hayar kamara da fitilu, kuɗin gidan da aka ara, man janareto, man mota, abincin mutum talatin rana da dare, ruwan leda, kuɗin ɗaki na waɗanda suka zo daga Kaduna ko Jos, sallamar kowane ɗan wasa da abin da aka ba shi kafin alƙalami da abin da ya rage. Can ƙasa kuma ga abin da ba a shirya masa ba: jarumi ya makara har la'asar saboda yana wani lokeshan, an biya hayar kayan aiki na yini guda an ɗauki fitowa uku maimakon goma. Wanda ya riƙe wannan littafi a fim biyar ko shida ya san farashin komai, ya san wa ke cika alkawari, ya san inda kuɗi ke zurarewa. Kuma da kuɗin wani ya koya.

Abin da za a biya a kan wannan ilimi ba kaɗan ba ne. Babu albashi, sai sallama in an yi aiki, in ba a yi ba hannu baka hannu ƙwarya. Ga hayar ɗaki a Kano. Ga hanya: daga Sakkwato a bi Talatar Mafara, Gusau, Tsafe, Funtuwa, tafiyar yini guda a kan titin da kowa ya san halin tsaron da yake ciki, don haka ba zuwa gida duk ƙarshen mako. Akwai kuma wanda zai shekara bakwai yana "yaron wane" bai matsa ko'ina ba, saboda ubangidan bai da niyyar sakinsa. Kafin ka kama gindin wani, tambayi ina yaransa na baya suke yanzu.

Ga wani tarko da ya fi kama 'yan jihohin nesa, kuma shi ya fi damuna. Saurayi ya samu gado, ko ya sayar da fili, ko ya tara kuɗin albasa na kaka biyu. Ya isa Kano, a karɓe shi hannu bibbiyu, a ce ya kawo jari za a sa sunansa furodusa. Sunan zai fito a allo da manyan baƙaƙe. Amma bai san nawa ake hayar kamara ba, bai san nawa jarumin ya karɓa a zahiri ba, kuma in aka gama a tashar wani za a saki fim ɗin, kuɗin talla ya shiga asusun mai tashar. Ba ina cewa kowa haka yake ba, akwai masu amana da yawa a masana'antar. Amma wanda bai san farashi ba ko mai amana ba zai iya kare shi daga asara ba.

A sani kuma Kano tana da Hukumar Tace Fina-finai tun 2001, kuma ba ta wasa. A watan Mayun 2025 ta dakatar da shirye-shirye masu dogon zango guda 22, ciki har da manya-manya, kan cewa ba a kai mata su ta duba kafin saki ba. A matakin tarayya akwai NFVCB, hukumar tace fina-finai ta ƙasa, da aka kafa a 1993. Rajista da kuɗin tacewa da jiran izini duk suna cikin kasafin furodusa.

Hanya ta uku ita ta fi jan hankalin matasa yanzu, kuma na fahimci dalili. Ba ubangida, ba shugaban sashe, tasha taka, aiki naka. Bari mu duba lissafinta da kyau, domin nan ake yawan ruɗin kai.

YouTube ba ya fara raba kuɗin talla da kai a dogon bidiyo sai tasharka ta tara masu bi 1,000 da awa 4,000 na kallo a cikin wata 12. In an karɓe ka, kashi 55 cikin 100 na kuɗin tallan naka ne, kuma ba a turo maka sai abin da ka tara ya kai dala 100. Abin da ake biya ya danganta da inda mai kallo yake: kallo dubu daga Sakkwato ko Ƙonni bai kai kallo dubu daga Saudiyya ko Ingila ko Amurka kawo kuɗi ba, domin masu talla a can sun fi biya. Ma'ana, zango na farko gaba ɗaya kusan daga aljihunka zai fito, kuma mai yiwuwa na biyu ma. Masu kallo kuma ba sa jira. Ka saba musu da fita duk Juma'a ka tsallake biyu, sun koma wani wuri. Ka ɗora waƙar wani ba izini a kai ƙararka, in gargaɗin haƙƙin mallaka ya kai uku za a iya rufe tashar da duk abin da ke cikinta.

Sannan ga Sakkwato kanta. A watannin Afrilu da Mayu zafi kan haura digiri 40. Kamara na ɗaukar zafi ta kashe kanta a tsakiyar fitowa, batir na saurin mutuwa, hodar fuskar jaruma na narkewa kafin a ce an fara. A ɗaki dole a kashe fanka saboda makirfo na kama ƙararta, ga fitilu a kunne, mutum goma a tsaye suna zufa, darakta na cewa a sake. Mai hankali yana tsara ɗaukar waje daga bayan asuba zuwa hantsi, sai kuma bayan la'asar, wanda ke nufin aikin da za a gama a kwana biyar a wani wuri zai ci bakwai, kuma kowane kwana kuɗi ne. Lokacin hunturu ya fi daɗin aiki, sai dai hazo yana cinye launi, ƙura tana shiga gilashin kamara. Ƙwararrun masu tace hoto da masu haɗa sauti ba su da yawa kamar Kano, manyan kayan aiki sau da yawa sai an ɗauko daga can tare da mai kula da su. Wanda zai tsuke kasafi ya tsuke a ko'ina ban da sauti. Mai kallo a waya yana haƙuri da hoto mai duhu, amma da zarar bai ji abin da ake faɗi ba ya wuce.

Duk da haka, a nan ne zuciyata take, domin Sakkwato na da abin da ba za a same shi a Zoo Road ba. Na farko harshe. Sakkwatanci a fina-finan Hausa galibi sai in ana son a ba da dariya ake sako shi a bakin wani. Amma da shi miliyoyin mutane ke neman aure, suke rabon gado, suke yi wa juna ta'aziyya, daga Sakkwato zuwa Kabi da Zamfara, har tsallaken Illela zuwa Ƙonni da Tawa da Dogon Dutsi. Uwa ta dubi ɗanta a cikin shiri ta ce, "Wanga yaro, mi kaka so in yi ma?" ba don a yi dariya ba, don ranta ya ɓaci. Duk wanda ya tashi da wannan harshe zai ji an taɓa shi a inda ba a saba taɓawa ba. Waɗannan masu kallo suna nan, kuma ba a cika yi musu aiki ba.

Na biyu tarihi da sana'a. Degel, hijira zuwa Gudu da yaƙin Tabkin Kwatto a 1804, faɗuwar Alƙalawa a 1808, kafa birnin Sakkwato a 1809, Wurno inda Sarkin Musulmi Muhammadu Bello yake kwance, filin Giginya inda aka kara da Turawa a 1903, tsarin karantar da mata na 'Yan Taru na Nana Asma'u. Ga cibiyar tarihi ta Waziri Junaidu a cikin gari cike da takardu. Ba ina nufin a sa wa wani ɗan wasa rawani a ce shi ne Shehu ba, wannan ba abin da jama'a za su lamunta ba ne, kuma suna da gaskiya. Shirin gaskiya nake nufi, da wuraren a zahiri da bakin masana, da izinin fada. Haka majema da dukawa masu aikin fatar jar akuya, manoman fadamar Rima, 'yan dambe da 'yan kokawa da makaɗansu. Irin wannan aiki ba ya buƙatar tauraro mai tsada, kuma ba ya tsufa, ana kallonsa bayan shekara biyar kamar yau aka sake shi.

Wanda zai zauna a gida kada ya jingina da YouTube kaɗai. Abin da ke riƙe ƙaramin kamfani a Sakkwato shi ne aikin haya: tallan 'yan kasuwa, ɗaukar biki da taro, tafsirin azumi da wani ya ɗauki nauyi, da gajerun shirye-shiryen wayar da kai na ƙungiyoyi. UNICEF na da ofis a Sakkwato, akwai asibitin yara masu ciwon nan mai cin naman baki da fuska da ake kira noma, akwai ayyukan rigakafi da na ilimin 'ya'ya mata, duk suna buƙatar bidiyo da harshen mutanen wurin. Sai dai su ba sa ba da aiki da baki. Za su nemi rajistar CAC, wato hukumar yi wa kamfanoni rajista, asusun banki na kamfani, kasafi a rubuce, rasit na kowace kashewa, da samfurin aikin da ka taɓa yi. A nan wanda ya fito daga gidan talbijin yake shan gaban wanda ya fara da tasha kai tsaye. Akwai ma tsaka-tsaki: ka sayi fili a gidan talbijin ko rediyo, ka nemo masu ɗaukar nauyi da kanka, shirin ya zama naka, daga baya ka ɗora shi a tasharka.

Batun makaranta ba zan daɗe a kai ba. Kwalejin Talbijin ta NTA da Cibiyar Koyar da Fim ta Ƙasa duk suna Jos, Jami'ar Bayero na koyar da aikin sadarwa, a gida kuma akwai sashen aikin jarida a Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Umaru Ali Shinkafi. Mai son aikin gwamnati ko na ƙungiyoyi takarda dole ce. A lokeshan ba mai tambayar ta.

Ga 'yan'uwa mata lissafin ya ɗan bambanta, kuma ba amfanin ɓoyewa. Uba da yawa a Sakkwato zai sa albarka in 'yarsa ta ce ta samu aiki a gidan talbijin, amma ba zai saurari zancen zuwa Kano harkar fim ba. Ko namiji ma ya je neman aure aka ce ɗan fim ne, sai an yi dogon bincike. Ina ganin ga mace hanyar gidan talbijin, daga nan zuwa kamfanin kanta, ta fi sauƙin bi ba tare da an ɓata da gida ba. Tana kuma da damar da namiji ba shi da ita: tana shiga cikin gida ta zauna da mata su saki jiki su yi magana, kuma rabin labaran garin nan a can suke.

To wa zai bi wace? Wanda ke da iyali a wuyansa, ko yake son shirye-shiryen gaskiya da na wayar da kai, ya nemi gidan talbijin, ya ɗauke shi a matsayin makaranta mai biyan ɗalibi, yana tara lambobin waya da sanayya. Wanda wasan kwaikwayo ne a ransa, bai da nauyin kowa, ya tafi Kano, amma ya tafi da wa'adi: shekara biyu ko uku, da niyyar kaiwa ga riƙe littafin kashe kuɗi, sannan ya dawo da abin da ya koya. Tashar kai kuwa ita ce inda ya kamata hanyoyin biyu su ɓulle, ban ga hikimar farawa da ita da babban jari ba. In ƙaiƙayin farawa ya hana ka barci, fara da waya mai kyau da makirfo ɗan maƙalawa, ka je wurin majemi ɗaya ka yi minti goma a kansa, ka rubuta duk abin da ka kashe har kuɗin kabu-kabu.

Duk hanyar da aka bi, ranar da za a haɗa kuɗi da wani a rubuta. Dokar haƙƙin mallaka ta 2022 tana kare mai aiki, amma sai an san wane ne mai aikin. Takardar ta faɗi wa ya mallaki labarin, wa ya mallaki fim ɗin, a tashar wa za a sake shi, wa ke riƙe da imel da lambar sirrin tashar, asusun wa kuɗin talla ke shiga, kaso nawa kowa zai ɗauka bayan an fitar da uwar kuɗi, da abin da za a yi in ɗaya ya janye a tsakiyar zango. Mawaƙin da ya yi waƙar buɗe shiri shi ma ya sa hannu cewa ya ba da izini. Kowa ya riƙe kwafinsa, da shaidu biyu, ko da abokin haɗin gwiwar ɗan ɗakinku ne.